Mai Riƙe wa Bishop Sanda

Gidan Bishop, Assam
12 ga Mayu, 1968

Chechi Sosamma,

Shekara goma sha ɗaya ke nan rabona da garinmu Mallappally. Kin rubuta mini adadin da manyan haruffa, sai ka ce ni ban iya ƙidaya ba. Ina gaishe ki da maigidanki da yara. Ki gaida mahaifiyarmu Ammachi, ki ce mata autanta yana nan lafiya, in ban da ciwon bayan da motar jif ɗin nan ta ja mini. Yaya gwiwarta? Man shafawar da na aiko ya iso?

Kin tambaye ni yaushe zan dawo. Kin ce ni ne auta, gidan gado nawa ne, riƙon uwa ma nawa ne, haka ake yi a kowane gida a ikilisiyarmu. Ba ki yi ƙarya ba. To bari in gaya miki abin da ya ɗaure ni, amma ya tsaya tsakaninmu.

Yayanmu Kuruvilla ba ya gani. Tun da aka naɗa shi bishop kowa ya koma ce masa Tirumeni, sunan girmamawa na bishop, har uwar da ta haife shi, shi ya sa babu mai iya kallon idonsa ya lura. Shekara uku ke nan hasken yana raguwa. Yanzu iyakarsa ya bambanta taga da bango. Likitan Calcutta ya ce jijiyar ce ta mutu, babu aikin da za a yi.

Addu'o'in duk suna kansa, buɗe littafin da yake yi don idon jama'a ne. Ranar tabbatarwa, da ake karɓar yara cikin ikilisiya, suna durƙusawa a gabansa, ni kuwa ina tsaye a hagunsa riƙe da sandar bishop, ina yi masa raɗa: "Silas. Ta gaba Magdali, gajeriya ce, sauke hannu." In akwai matakala sai in buga gindin sandar a ƙasa. Ni nake karanta masa wasiƙu, ni nake ɗora yatsansa inda zai sa hannu. Direba ni, magatakarda ni, ido ma ni.

Kin tuna lokacin da mahaifinmu marigayi Appachan ya sayar da gonarsa ta shinkafa don Kuruvilla ya yi karatun tauhidi? Ni kuka na yi, saboda a nan nake kamun kifi. Amma ba zan rage wa yayanmu komai ba. Shekara ashirin ya yi yana firist a cikin masu tsinkar ganyen shayi. Ya koyi yarensu. Da kwalara ta shiga barikinsu, a can ya kwana har ta fita, da hannunsa ya haƙa kaburbura. Da ya zama bishop ya rubuto in bar koyarwa in zo wata shida in daidaita masa ofis. Wata shidan ne har yau ba su cika ba.

Akwai 'ya'yan leburorin shayi uku da za su gama horo, zai ɗora musu hannu su zama firistoci a watan Nuwamba. Ba a taɓa yi ba a nan, kuma manajojin gonakin, waɗanda su ke ɗauke da rabin nauyin dayosis, wato yankin ikilisiyoyin da yake shugabanta, ba sa so. Yana tsoron in aka san ya makance za a sallame shi, kujerar ta zauna ba kowa, yaran nan su tsufa suna jira. Bishop ne kaɗai zai iya naɗa su.

Bayan Nuwamba zan taho. Kada ki gaya wa Ammachi maganar ido.

Ƙanenki,
Cheriyan

Mallappally
9 ga Yuni, 1968

Cheriyan,

Muna lafiya, damina ta sauka da ƙarfinta. Man ya iso, gwiwar dai sai a hankali. Surukinka yana gaishe ka, ya ce in kana raye ka aiko da hoto, ya manta ko kana da gashin baki.

Kai da ka ce kada in gaya wa Ammachi, ka manta ta riga mu iya karatu? A cikin Littafi Mai Tsarki na ɓoye wasiƙar. Nan kuwa ta fara dubawa. Ta karanta, ta naɗe, ta mayar, ta ce, "Shi ya sa rubutunsa ya yi kyau shekarun nan." Da na koma washegari na tarar idonta a kumbure, ta ce hayaƙin murhu ne.

Na yi kuka saboda Tirumeni, Allah ya sani. Amma "bayan Nuwamba" ɗin nan na san shi. Yayansa shi ne "bayan an gama ginin makaranta," kakansa kuma "bayan babban taro." Duk a gidan nan suka girma.

Ka ji halin da ake ciki. Rufin ɗakin girki yana yoyo, ta jera tukwane tana tarar ruwa. Masoron da ya hau itatuwan bayan gida, masu wucewa ne ke tsinkewa da rana tsaka. Makon jiya ta zame a bakin rijiya, ta daɗe a zaune cikin laka kafin mai hawan kwakwa ya ji muryarta. Na ce ta tattara ta dawo gidana, ga ɗaki a share. Ta kalle ni sama da ƙasa, ta ce, "Ni in ci shinkafar suruki ina da ɗa namiji? So kike a nuna ni da baki a coci?" Na ce, "To ina ɗan namijin?" Ta ce, "Yana hanya." Kullum da yamma tana baranda tana kallon inda bas ke tsayawa.

Shekararta tamanin da biyu, Cheriyan. Ni tafiyar mil huɗu nake yi in zo in koma, kuma ni ma na fara jin jiki. Ka ba ni rana, ba wata ba.

Yayarka,
Sosamma

Gidan Bishop, Assam
7 ga Yuli, 1968

Chechi,

Na samu taki. Na gode wa Allah da ba ta karye ba. Ni lafiya lau, Tirumeni ma haka, yana ci yana barci fiye da ni.

Na shiga ofis na ce masa, "Tirumeni, Ammachi ta faɗi a bakin rijiya." Ya ce mu durƙusa. Addu'a ce mai kyau, Chechi, ya ambaci hannayenta da suka yi kanta wajen ɓare kwakwa don mu, har sai da na yi hawaye. Da ya ce amin sai ya tambaye ni ko na zuba wa jif mai, gobe akwai tabbatarwa a hayin kogi.

A hanya na tayar da maganar Nuwamba. Ya ce, "Sababbin firistoci ba a barinsu su kaɗai a shekarar farko, manajoji za su haɗiye su. Shekara ɗaya kawai, Cheriyan." Na ce, "Kawai." Ya ce, "Kana fushi." Na ce, "Ina tuƙi."

Abin haushin shi ne gaskiya yake faɗa. Za su haɗiye su ɗin. Kullum gaskiya yake faɗa, shi ya sa ban taɓa samun ƙofar fita ba. Da mugu ne da tuni na bar masa makullin mota na kama jirgi. In na tafi yau, wa zai tsaya a hagunsa? Duk wanda na sa, kafin Lahadi labari ya kai kunnen majalisa.

Kin ce in ba ki rana. Ba ni da ita. Ki gaya wa Ammachi haka, ko ki bar wasiƙar inda za ta gani. Ki ce ta daina zaman baranda, sauro ne kawai zai cije ta.

Cheriyan

Mallappally
11 ga Agusta, 1968

Cheriyan,

Gaisuwa. Mu dai muna nan. Ba zan ja da tsawo ba.

Ta karanta wasiƙarka a tsaye. Tun ranar ba ta sake zama a baranda ba. Ta sa an sauko da babban akwatin ƙarfe daga saman rufi. Ta fito da fararen kayan nan da ta ajiye don ranar binne ta, ta wanke, ta shanya, ta goge, ta shimfiɗa su a ƙasan akwatin. Ta sayar da saniya. Kajin ta raba wa maƙwabta. Ta je kabarin Appachan ta cire ciyawa da hannunta, ta daɗe tana yi masa magana. Gida gida take bi tana cewa a yafe mata, har gidan maƙwabciyarta Rahelamma da suka yi shekara da shekaru ba sa gaisawa saboda iyakar gona. Sau biyu tana kulle ƙofa da firist ɗinmu suna magana.

Jikinta kam garau, tana cin rogo da kifi fiye da da, coci ma da ƙafa take zuwa, wai tana so gwiwar ta saba. Na ce, "Ammachi, me kike shiryawa?" Ta ce, "Ke ji da mijinki."

Ka san tsofaffinmu, wani lokaci ana nuna musu. Ni dai na faɗa maka.

Sosamma

Gidan Bishop, Assam
15 ga Satumba, 1968

Chechi,

Allah ya sa wannan ta same ku, ta kuma samu Ammachi da rai. Kogi ya yi ambaliya, ya cinye hanyar jirgin ƙasa, ya kayar da wayoyi. Taki ta yi wata guda a hanya, ta iso a jiƙe. Wannan a hannun mai kwalekwale zan ba da ita. Lafiyata ba abin tambaya ba ce yanzu.

Da na kai wurin fararen kayan, ban tsaya ba. Na shiga wurin Tirumeni na karanta masa ita daga farko har ƙarshe. Ya ce, "Amma ai Sosamma ta ce tana cin abinci." Na ce, "Appachan ma ya ci ranar da ya rasu." Ya ce mu durƙusa. Na ce, "A'a, Achayan." Rabon da in kira shi haka, wato yayana, tun kafin a sa masa zoben bishop. Na ce, "Uwarka tana bankwana da mutane, kai kana nan kana ɓoye ido. Ranar da aka buɗe hanya zan tafi." Ya ce, "To wa zai gaya mini sunayen yara?" Na ce, "Suna da baki."

Kwana biyu bai yi mini magana ba sai ta aiki. A na uku ya kira majalisar dayosis. Ya miƙe a gabansu, ya cire zoben ya ajiye a tebur, ya ce, "'Yan'uwa, na yaudare ku. Shekara uku ke nan ban ga fuskar ko ɗayanku ba."

Sai babban firist, tsoho Lakra, ya yi tari. Na ɗauka kuka zai yi. Ashe dariya yake dannewa. Ya ce, "Bishop Sahib, ai tun ranar da ka gaisa da rigar ruwana tana rataye a ƙofa, ka tambaye ta lafiyar iyali, muka sani." Ɗakin ya kaure da dariya. Shugabar zumuntar mata ta ce, "Kana tsammani don kwalliya muka shafa wa duwatsun hanyar coci farar ƙasa?" Lakra ya juyo wurina ya ce, "Kai kuma Malam Cheriyan, raɗarka ana jin ta a benci na biyar. 'Gajeriya ce, sauke hannu!' Yara har wasa suke yi da ita a bariki." Wakilin manajoji ya ce shi bishop da ba ya ganin gidajen leburori bai taɓa damunsa ba. Achayan ya ce, "Hancina yana aiki, Sahib." Nan dariyar ta ɗan lafa.

Lakra ya ɗauki zoben ya mayar masa a yatsa. Suka ce ya zauna har shekarunsa na ritaya su cika, saura huɗu. Za su ɗauki direba. Ɗaya daga cikin ukun nan da za a naɗa, Nirmal Kujur, zai riƙa karanta masa takardu yana riƙe sanda. Cikin rabin sa'a aka gama.

Kowa yana murna, ni ina jingine da bango. Shekara uku ina tafiya kamar ɓarawo, ina ƙarya cewa Tirumeni yana ciwon kai, ina zufa a gefen bagade, ina hana kaina zuwa ko bikin 'yarki. Ashe har mai shara ya sani. Na tambayi Lakra me ya hana su magana. Ya ce, "Mun ga kuna ƙoƙari, ba mu so mu kunyata ku." Kirki suka yi mana, Chechi. Ban san wa zan ji haushi ba.

Da muka koma gida Achayan ya laluba ya kama kunnena, yadda yake yi ina yaro, ya ce, "Tafi, auta. Na ci rabonka da yawa. Ka ce mata in an yi naɗin zan zo."

An ce hanya za ta buɗe cikin Oktoba. Na sayi tikiti na ranar ashirin. Ki ce mata ta jira ni. Ki ce mata wannan karon akwai rana.

Cheriyan

Mallappally
29 ga Satumba, 1968

Cheriyan,

Muna lafiya. Tun wasiƙarka ta Yuli ban ji daga gare ka ba, an ce ruwa ya ci ƙasarku, Allah ya tsare. Ban sani ba ko tawa ta same ka. In ta same ka, ka yafe mini tsoron da na ba ka. Ammachi ba mutuwa take shiryawa ba. Wurinka za ta zo.

Yau bayan sujada ta tsaya a ƙofar coci ta sanar, ni ma a nan na ji tare da kowa. Na ce, "Ammachi, ke da ko a Kottayam da ke nan kusa ba ki taɓa kwana ba?" Ta ce, "An ce uwa ta zauna wurin autanta. Wa ya ce sai a Mallappally? Na haifi maza biyu, ɗaya ba ido, ɗaya ba mata. Wa ke dafa musu?" Na ce sanyi zai kashe ta. Ta ce shi ya sa ta ɗauki fararen kayan, kada a binne ta da zanen aro.

Gidan ta ba shugaban makarantarmu haya na shekara goma, an sa hannu a gaban firist, shi zai gyara rufi. Na ce ta jira a tambaye ka, ai gidanka ne. Ta ce, "Ya ce ba shi da rana. Gida ba ya zama ba mutum."

Akwai 'yan mata biyu ma'aikatan jinya da za su asibitin mishan na wajenku, an ce jirgi ya fara wucewa. Tare za su taso ranar takwas ga wata mai zuwa. Na so in buga maka waya, ta hana, wai waya ta labarin mutuwa ce, kada zuciyarka ta buga. Ka je tasha da bargo. Ba ta cin burodi, ka sani.

Ni kuma da nake ƙorafin mil huɗu, yanzu ban san inda zan riƙa zuwa da yamma ba.

Sosamma

Gidan Bishop, Assam
21 ga Oktoba, 1968

Chechi,

Ta iso lafiya, ki kwantar da hankalinki. Ƙafafunta sun kumbura a jirgi, sun sace yanzu. Na san zuwa yanzu tawa ta Satumba ta same ki, kin karanta, kin gane. Taki ta iso kwana ɗaya kafin Ammachi. Ina cikin ɗaure littattafaina aka miƙo mini.

Mun je tasha mu biyu, Achayan ya sa cikakkun kayansa na bishop. Ta sauko ƙarama kamar yarinya, rungume da tulun mangwaro mai yaji, ta hana kowa taɓawa. A gaban jama'a ta sunkuya ta ce, "Tirumeni." Muna shiga jif ta kama fuskarsa da hannu biyu, ta ce, "Kuruvilla, dubi wuyanka kamar na kaza. Me suke ba ka?" Bishop guda ya kifa kai a kafaɗarta yana kuka, ni ina kallon hanya.

Da muka sauke kaya na ce mata, "Ammachi, da kin ƙara haƙurin mako biyu. An sake ni. Ga tikitin." Ta juya shi gaba da baya, ta ce, "Sau nawa ka ce mini kana hanya?" Na karɓi tikitin na sa a aljihu. Ta ce, "To ga ni, na rage maka wahala." Ban ga laifinta ba. Ni na rubuta cewa ta daina jira, ita kuwa ta daina.

Ta kori mai dafa mana abinci daga bakin murhu. Ta ce shinkafar nan ba ta da ɗanɗano, kifin kogi kuma ƙaya ce zalla, amma jiya ta yi waƙa tana daka. Achayan ya ƙara ƙiba cikin mako ɗaya. Ba zan ɓoye miki ba, ban taɓa ganin su biyun cikin farin ciki haka ba.

Ranar Juma'a na ji yana gaya wa Nirmal ya koma ga karatunsa, naɗi ya kusa, kada a ɓata masa lokaci, "tunda Cheriyan yana nan." Direban da aka yi alkawari ma majalisa ta ce a dakata. Jiya, ranar da ya kamata in hau jirgi, ina hagunsa riƙe da sanda. Yanzu ba sai na yi raɗa ba, da ƙarfi nake faɗin sunayen. Ammachi tana benci na gaba cikin bargo, tana gaya wa matar da ke kusa da ita, da yaren da ba ta ji, cewa duka biyun nata ne.

In kin wuce ta gidan, ki roƙi malamin kada ya sare itacen mangwaron bakin rijiya.

Na mayar da tikitin, sun cire rupi tara. Na saya mata gado, da bargo biyu, da murhun kananzir. Abin da ya rage mini a asusun gidan waya rupi dubu ɗaya da ɗari takwas da sittin ne. Sai rabin buhun shayi da matan coci suka ba ni na bankwana. Ban sani ba ko mayar musu ya kamata in yi.

Ƙanenki,
Cheriyan